Yadda za ka bi sawun dutsen sararin samaniya da wayarka, kafin daren 13 ga Afrilun 2029

A watan Fabrairun 2025 Gwaggo ta turo mini saƙon murya ta WhatsApp, ita ma maƙwabciyarta ce ta turo mata. Wani mutum ne yake magana cikin tashin hankali, wai masana sun tabbatar da cewa wani ƙaton dutse zai faɗo a Najeriya a shekarar 2032. A ƙasan saƙon ta ɗora nata: "Ɗana, kai da kake duba waɗannan abubuwa, da gaske ne?" Na ce mata, "Gwaggo, ki ba ni minti goma." Na ji yadda muryarta take, na san maganar ta hana ta sukuni.

Saƙon ba ƙarya ba ne gaba ɗaya, kuma abin da ya sa ya yi tasiri ke nan. Dutsen yana nan, sunansa 2024 YR4. Na'urar hangen nesa ta ATLAS da ke ƙasar Cile ce ta gano shi ranar 27 ga Disambar 2024, kuma Afirka tana cikin yankunan da aka ambata cewa zai iya faɗawa idan har ya bugi duniya ranar 22 ga Disambar 2032. Abin da mai saƙon ya ɓoye, ko bai sani ba, shi ne ko a ranar da lissafin ya fi muni, wato 18 ga Fabrairu, yiwuwar bugun kashi 3.1 ne cikin 100. Kafin watan ya ƙare lissafin ya sauko kusan sifili. Duk wannan a buɗe yake a intanet, kyauta, ga kowa. Abin da nake so in nuna maka shi ne yadda za ka duba da kanka. Za mu yi gwajin da wani dutse da ake kira Apophis, domin shi, in Allah ya kai mu, za mu gan shi da idanunmu daga ƙasar Hausa.

Tanadi waya mai data ko kwamfuta, da takarda da biro, da kalkuletar da ke cikin wayar. Shafukan da za mu shiga da Turanci aka rubuta su, amma kada wannan ya karya maka gwiwa. Galibinsu lambobi ne, kuma zan gaya maka kalmar da za ka nema a kowane wuri.

Fara da sunan dutsen

Duk labarin da bai faɗi sunan dutsen ba, ajiye shi gefe. Ba a gano dutse a bar shi ba suna. Wata cibiya da ke Kambrij ta jihar Masacusets a Amurka, mai suna Minor Planet Center, ita ke tattara rahotannin masu hange daga ko'ina a duniya ta raɗa wa kowane dutse lamba, kuma lambar kanta tana magana. Ɗauki 2024 YR4. Lambobi huɗun farko shekarar da aka gano shi ne. Harafin farko yana nuna rabin wata: A na 1 zuwa 15 ga Janairu ne, B na ragowar Janairu, haka har a kai Y, wato 16 zuwa 31 ga Disamba, ana tsallake harafin I. Harafi na biyu da lambar da ke bayansa su ne layin da ya hau a cikin wannan rabin watan. Haruffa 25 ake amfani da su, R shi ne na 17, lambar 4 kuma tana nufin an zagaye haruffan sau huɗu. Huɗu sau 25, a ƙara 17, ya ba da 117. Shi ne na 117 da aka yi wa rajista a rabin ƙarshen Disambar 2024.

Idan an daɗe ana bin dutse har hanyarsa ta tabbata, sai a ba shi lamba ta dindindin, wani lokaci har da suna. Apophis ya fara ne a matsayin 2004 MN4, domin ranar 19 ga Yunin 2004 Roy Tucker da David Tholen da Fabrizio Bernardi suka gano shi daga tsaunin Kitt Peak na jihar Arizona. Yau lambarsa 99942. Rubuta ta a takardarka.

Duba nisan da zai wuce

A Google rubuta "CNEOS close approaches". CNEOS cibiya ce da ke Kalifoniya, ta NASA, hukumar binciken sararin samaniya ta Amurka, aikinta lissafin hanyoyin duwatsun da ke ratsowa kusa da mu. Tebur zai buɗe maka mai ɗauke da jerin waɗanda za su wuce cikin kwanaki 60 masu zuwa. Abin da zai fara ba ka mamaki shi ne yawansu. Kusan kowane mako akwai masu wucewa, kuma ba wanda ya ji ko motsinsu.

Nemi ginshiƙin da aka rubuta "CA Distance Nominal". Nan ne nisan da ake sa ran zai wuce. Ma'auni biyu za ka riƙa cin karo da su, kuma a nan mutane suka fi ruɗewa. Na farko LD, wato nisan da ke tsakanin duniya da wata, kilomita 384,400. Na biyu au, nisan da ke tsakanin duniya da rana, kusan kilomita miliyan 150. Idan ka ga an rubuta 0.05 au, ido zai ce maka ai wannan ƙiris ne. Ninka shi ka gani: kilomita miliyan 7.5 ne, kusan nisan wata sau 19 da rabi. Mafi yawan kanun labaran da ke cewa "dutse zai shafi duniya" a kan irin wannan nisa suke magana. Masana suna kiransa kusa ne don sararin da suke aunawa ya fi ƙarfin tunani, ba don zai taɓa rufin kowa ba.

Yanzu canja saitin teburin ya nuna duk shekaru masu zuwa, ka rage nisan zuwa LD ɗaya, ka nemi 99942. Za ka ga 13 ga Afrilun 2029, ƙarfe 21:46, nisa kimanin 0.1 LD, wato kilomita 38,000. Kula da abu biyu. Daga tsakiyar duniya ake auna wannan nisa, ba daga doron ƙasa ba, don haka sai ka ɗebe kilomita 6,371, abin da ya rage kusan 32,000. Taurarin ɗan'adam da faifan dish ɗinka ke fuskanta suna a tsayin kilomita 35,786 ne daga doron ƙasa, ka ga Apophis zai sauko ƙasa da su. Sai dai hanyarsa a karkace take, ba zai ratsa layin da suke jere ba. Na biyu shi ne agogo. Lokacin da ke teburin kusan daidai yake da agogon GMT. A Najeriya da Nijar da Kamaru da Cadi ƙara sa'a ɗaya, ya zama 10:46 na dare. A Gana bar shi yadda yake, 9:46. A Sudan ƙara sa'a biyu.

Ginshiƙin "V relative" gudunsa ne. Na Apophis a wannan dare kusan kilomita 7.4 ne a daƙiƙa ɗaya, tafiyar Kano zuwa Kaduna cikin rabin minti.

Girmansa

Ba a ganin siffar yawancin duwatsun nan. Ɗigon haske kawai na'ura ke kamawa, sai a ƙiyasta girma daga hasken. Lambar da ake kira H ita ce ma'aunin, kuma a juye take: ƙaramar lamba, babban dutse. Riƙe wannan a ka: H 22 kusan mita 140 ne, kuma duk ƙarin 5 yana rage girman sau goma. H 27 kusan mita 14 ke nan, H 17 kuma kilomita 1.4. Dutsen da H ɗinsa ya kai 22 ko ƙasa da haka, kuma hanyarsa tana iya kusantar ta duniya da 0.05 au, shi ake sa wa laƙabin "mai yiwuwar haɗari". Laƙabi ne na a sa masa ido, ba sanarwar cewa ga shi nan tafe ba.

Amma farar riga da baƙar riga ba su ɗaukar hasken fitila iri ɗaya. Ƙaramin dutse mai haske da babban dutse mai duhu suna iya ba da H guda, shi ya sa teburin yake ba ka girma daga kaza zuwa kaza. H na Apophis kusan 19 ne, wanda a lissafin da na ba ka zai haura mita 500. Da aka auna shi da na'urar rada sai aka samu kimanin mita 340, saboda fuskarsa ta fi ta galibin duwatsu mayar da hasken rana. Shi ma 2024 YR4 an fara cewa tsakanin mita 40 ne zuwa 90, sai da na'urar hangen nesa ta James Webb da ke sararin samaniya ta auna zafin da yake fitarwa aka tsaya a kusan mita 60.

Yaya tsawon sawun yake

Wannan ne matakin da ya fi kowanne muhimmanci a ganina, kuma shi masu yaɗa ji-ta-ji-ta ba sa taɓa dubawa.

Mai bin sawun ɓatacciyar saniya, idan taku biyu kawai ya gani a kan rairayi, zai iya cewa gabas ta nufa, amma ba zai ce ga garin da za ta kwana ba. Idan ya bi sawun tun safe har la'asar, maganarsa ta yi nauyi. Haka lissafin hanyar dutse yake. A Google nemi "JPL Small-Body Database Lookup", ka rubuta lambar dutsen. A cikin bayanan nemi "data-arc span", shi ne tsawon lokacin da aka shafe ana ganinsa, sannan "condition code", lamba ce daga 0 zuwa 9. Sifili na nufin an san hanyar sarai, tara kuma ana lalube ne. Dutsen da aka gano shekaranjiya, sawunsa kwana biyu, lambarsa 8, duk abin da aka faɗa a kan inda zai kasance bayan shekara goma ƙiyasi ne mai faɗin gaske. Apophis kuwa an bi shi shekaru da yawa, lambarsa 0.

Daga nan shiga shafin "Sentry" na CNEOS, inda ake jera duk dutsen da lissafi bai kore yiwuwar ya bugi duniya ba cikin shekaru ɗari masu zuwa. Hukumar ESA ta Turai ita ma tana da nata jerin, daga cibiyarta da ke Frascati a Italiya, kuma da nasu lissafin suke aiki. Duba biyun. Idan sun yi daidai, hankalinka ya ƙara kwanciya. Za ka ga ma'aunin Torino, daga 0 zuwa 10, wanda aka amince da shi a birnin Turin a 1999. Sifili babu abin damuwa, 1 an saba gani, 2 zuwa 4 masana su ƙara sa ido, 5 zuwa 7 barazana ce ta gaske, 8 zuwa 10 bugun ya tabbata. Ba dutsen da ya taɓa wuce 4, kuma Apophis ne ya kai nan a Disambar 2004, lokacin da aka lissafa masa kashi 2.7 cikin 100 na bugun duniya a 2029. Ƙarin hotuna suka kore wannan cikin kwanaki. A Maris ɗin 2021 kuma, bayan an auna shi da rada daga Goldstone a Kalifoniya, NASA ta cire shi daga jerin gaba ɗaya, ta ce babu haɗari daga gare shi na aƙalla shekaru ɗari. 2024 YR4 ya tsaya a 3.

Akwai abin da ya ruɗa mutane ƙwarai game da 2024 YR4 a Fabrairun 2025: kullum aka wayi gari sai a ji lambar ta ƙaru, daga kashi 1 zuwa 2 zuwa 3, sai aka ɗauka dutsen ne ke ƙara karkatowa. Ga yadda na bayyana wa Gwaggo. An ce ɗan akuya ya shiga ɗaya daga cikin gidaje goma na layinku, naki yana ciki. Yiwuwar yana gidanki ɗaya cikin goma ce. Aka bincika aka ce ba ya cikin bakwai, saura uku, naki har yanzu yana ciki, sai yiwuwar ta hau zuwa ɗaya cikin uku. Ɗan akuyan bai motsa ba, sanin ne ya ƙaru. Aka sake dubawa aka same shi a gidan maƙwabta, sai lambar ta faɗi sifili lokaci guda. Haka yankin da ake zaton dutsen zai ratsa yake tsukewa. Muddin duniya tana cikin yankin, kasonta ƙaruwa yake yi, ranar da ta fita daga ciki kuma shi ke nan. Saboda haka duk lambar da aka turo maka, tambayi ranar da aka lissafa ta. Lambar makon jiya ta riga ta tsufa.

Kada ka ɗauka lissafin nan wasa ne na takarda. Ranar 6 ga Oktoban 2008 Richard Kowalski ya hango wani ƙaramin dutse mai kimanin mita huɗu daga Arizona, aka kira shi 2008 TC3. Cikin sa'o'i aka lissafa cewa zai shigo ta saman arewacin Sudan da asubahin 7 ga wata, haka kuwa aka yi. Daga baya Peter Jenniskens da Muawia Shaddad na Jami'ar Khartum suka jera ɗalibai a cikin hamada suna tafiya kafaɗa da kafaɗa, suka tsinto ɗaruruwan gutsattsari kusa da tashar jirgin ƙasa ta shida, shi ya sa ake kiransu Almahata Sitta. Shi ne dutse na farko da aka gani a sarari kafin ya faɗo. Iyakar lissafin kuma ita ce abin da ba a hango ba. Wanda ya fashe a saman Celiyabinsk ta Rasha ranar 15 ga Fabrairun 2013, mai kusan mita 20, ta ɓangaren rana ya taho, inda na'urori ba sa iya dubawa. Mutane kusan 1,500 suka ji rauni, galibi daga gilashin tagogi.

Siffar hanyar, da yadda duniya za ta lanƙwasa ta

Koma shafin "JPL Small-Body Database Lookup" ka danna "Orbit Viewer". Za ka ga rana a tsakiya da zoben hanyar duniya da na dutsen, kana iya juya hoton da yatsa, ka tura kwanan wata gaba ko baya. Hanyar Apophis ƙwai-ƙwai ce. Yana matsawa kusa da rana har 0.75 au, ya fita zuwa 1.1 au, ya kammala zagaye cikin kwana 324, a kan hanyar da ta karkace da ta duniya da digiri uku da 'yan kai. Tura ranar zuwa farkon Afrilun 2029 ka riƙa matsawa kwana-kwana, ka ga yadda ɗigo biyun ke haɗuwa.

A wannan dare ƙarfin jan duniya zai fizge shi ya sauya masa hanya. Zagayen da yake yi cikin ƙasa da shekara zai koma sama da kwana 420. Wannan ne dalilin da ya sa aka damu da sanin daidai inda zai ratsa, domin kuskuren 'yan kilomitoci a 2029 yana zama tazara mai yawa bayan shekaru talatin. Har zafin rana sai da aka sa a lissafi: dutsen yana shan zafi ya fitar da shi ta gefe guda, wannan kuma yana tura shi a hankali, abin da ake kira tasirin Yarkovsky.

Fitar da jadawalin garinku

Yanzu mun zo aikin da na fi jin daɗinsa. Nemi "JPL Horizons", ka buɗe shafin da ke da akwatuna biyar. Ya fi sauƙi a kwamfuta, amma waya ma tana yi idan ka kwantar da ita.

Akwati na farko bar shi a "Observer Table". A na biyu, "Target Body", rubuta Apophis ko 99942 ka zaɓe shi. Na uku shi ne inda kake tsaye, kuma kada ka yi sakaci da shi. Idan ka bar shi yadda ya zo, zai lissafa maka kamar kana tsakiyar duniya. Ga tauraro mai nisa wannan ba komai, amma Apophis zai matso har ta kai mutumin Kano da mutumin Kumasi ba za su gan shi a wuri ɗaya ba, bambancin yana iya kai faɗin wata sau huɗu. Zaɓi wurin da ake shigar da lambobin wuri da hannu. Kano tana digiri 12.0 arewa, 8.5 gabas. Damagaram 13.8 da 9.0. Sakkwato 13.1 da 5.2. Yamai 13.5 da 2.1. Garin da ke yamma da layin sifili, wato layin da ya raba gabas da yamma a taswirar duniya, kamar Kumasi, sai a sa alamar ɗebewa: 6.7 arewa da -1.6. Idan garinku ba ya cikin waɗannan, danna wurin a Google Maps ka riƙe, lambobin za su fito.

A akwati na huɗu sa farawa 2029-04-13 18:00, ƙarewa 2029-04-13 23:30, tazara minti biyar. Ka tuna agogon GMT ne. A na biyar, "Table Settings", kashe abin da ba ka buƙata ka bar lamba 4 da 9 da 20 da 29, ka mayar da ma'aunin nisa zuwa kilomita. Danna "Generate Ephemeris".

Ga yadda ake karanta abin da ya fito. "Azi" ita ce fuskar da za ka juya: 0 arewa, 90 gabas, 180 kudu, 270 yamma. "Elev" tsayinsa ne daga inda sama ta haɗu da ƙasa: 0 yana bakin sama, 90 yana bisa kanka, idan kuma ka ga alamar ɗebewa to ya faɗi, ba ya ganuwa. Miƙa hannunka ka dunƙule shi, faɗin dunƙulen kusan digiri goma ne, don haka digiri 40 dunƙule huɗu ne a jere daga ƙasa. "APmag" haskensa ne, shi ma a juye: Zara tana kusan -4, mafi dusashewar tauraron da ido ke kamawa a daji kuma 6. Apophis zai kai kusan 3, daidai da tauraron da ya fi haske a cikin Kaza da 'ya'yanta. "delta" nisansa ne daga gare ka, "deldot" kuwa idan da alamar ɗebewa yana matsowa, idan babu yana tafiya. Layin da alamar ta sauya shi ne lokacin da ya fi kusa da garinku. Ginshiƙin ƙarshe yana faɗin rukunin taurarin da yake ratsawa. Lura da wani abu a jadawalin: haskensa zai fi ƙarfi kafin lokacin mafi kusanci, domin daga baya gefensa mara haske ne zai riƙa juyowa gare mu. Wanda ya jira sai sha ɗaya saura kwata ya fito ya bar mafi kyawun kallo a baya.

Manhajar Stellarium tana da amfani wajen gane taurarin da ke bayansa, kuma kyauta ce a kwamfuta. Amma kada ka dogara da inda za ta nuna maka Apophis a wannan dare. Irin waɗannan manhajoji suna zana hanyar dutse ne kamar rana kaɗai ke jansa, alhali a waɗannan sa'o'i duniya ce ke juya shi. Ɗauki lambobi daga Horizons, taswirar sama daga Stellarium.

Wata da kumbuna

Da wannan kayan aikin za ka bi abin da ke wucewa kusa da wata. A akwati na uku rubuta @301, sai lissafin ya koma kamar kana tsakiyar wata. Gwada da Apophis ranar 14 ga Afrilun 2029, za ka ga ya wuce shi da ƙasa da kilomita 100,000. Gwada kuma da 2024 YR4 a Disambar 2032. Bayan an kore batun duniya, hankali ya koma kan wata, har a Yunin 2025 aka lissafa kashi 4.3 cikin 100 na ya buge shi. Ka ga na haɗa lambar da ranarta. Shiga ka ga abin da sabon lissafi ya ce.

Kumbo ma haka ake binsa, sunansa kawai za ka rubuta a akwati na biyu. Gwada Juice, kumbon ESA da ya tashi ranar 14 ga Afrilun 2023 zuwa Jupita. Ranar 19 ga Agustan 2024 ya wuce kimanin kilomita 750 daga doron wata, washegari ya wuce duniya da kusan kilomita 6,800, ya yi amfani da jan su biyun ya sauya hanya ba tare da ƙona mai da yawa ba. Abin da zai faru da Apophis ba da nufi ba, shi injiniyoyi suka tsara wa Juice da gangan. Bambancin kumbo da dutse shi ne kumbo yana da inji. Hanyarsa da ke Horizons masu tuƙa shi ne suka miƙa ta, tana da ranar da ta tsaya, kuma sashen da bai riga ya faru ba yana canjawa duk lokacin da aka kunna injin.

Wani lokaci ma sai an yi bincike kafin a gane dutse ne ko ƙarfe. A Satumbar 2020 aka gano wani abu aka sa masa 2020 SO. Paul Chodas na CNEOS ya lura hanyarsa ta yi kama da ta duniya fiye da kima, gudunsa kuma kaɗan ne. Hasken rana ma yana tura shi kamar yadda iska ke tura fankon gwangwani. Ashe gangar rokar da ta ɗauki kumbon Surveyor 2 zuwa wata ce a 1966. Wata gangar kuma ta faɗa bayan wata ranar 4 ga Maris ɗin 2022. Bill Gray, wanda ya lissafa faɗuwarta, ya fara cewa ta kamfanin SpaceX ce, da ya sake bin sawun ya fito fili ya gyara, ya ce ta rokar Sin ce ta 2014. Ina girmama wannan gyara, domin haka ake gane mai lissafin gaskiya.

Daren Juma'ar

Ranar 13 ga Afrilun 2029 Juma'a ce, kuma ta dace da ɓatan wata, ƙarshen Zulƙida, kwanaki kaɗan kafin Babbar Sallah. Babu farin wata da zai dusashe sama. Afirka da Turai da yammacin Asiya ne ke cikin dare a lokacin, mu ke nan a sahun gaba. Kumbon OSIRIS-APEX na NASA, wanda ya kawo ƙurar dutsen Bennu duniya a Satumbar 2023, an juya shi ya nufi Apophis, ESA kuma tana shirya nata mai suna Ramses. Mu namu ido ne da sarari.

Abin da zai iya hana ka gani ƙura ce ta bazara, ko hadari, ko fitilun gari. Biyun farko ba su hannunka, na ukun yana hannunka. Tun da saura mako ka nemi fili a bayan gari, nesa da fitilun sola na titi, inda bishiya ko gini ba su tare maka kudu da yamma ba. Je can da dare sau ɗaya ka tsayar da arewa da kamfas ɗin waya, ka gwada aunawa da dunƙule a kan taurarin da ka sani. Sake fitar da jadawalin a wannan makon, ka mayar da lokutan zuwa agogon garinku, ka rubuta su a takarda da manyan baƙi, don hasken waya yana kashe ganin dare. Idan dole sai ka haska, ɗaura jar leda a bakin tocila. Ku fita bayan Isha, ku ba idanunku minti ashirin su saba da duhu.

Ba wutsiya za ka gani ba, ba ƙara za ka ji ba. Ɗigo ne kamar sauran taurari, ba ya ƙyaftawa irin na jirgin sama, sai dai yana tafiya. A lokacin da ya fi sauri zai riƙa cin digiri 42 a sa'a, wato ya wuce faɗin wata cikin ƙasa da minti ɗaya. Kafa idonka a kan tauraro biyu da ke kusa da inda jadawalin ya nuna, ka ƙirga zuwa talatin. Wanda ya bar wurinsa, shi ne. Idan akwai tabaron hangen nesa na hannu, fara nemo shi da ido tukuna, sannan ka ɗaga tabaron ba tare da ka kawar da kai ba, ka miƙa wa na kusa da kai.